Rigar da Aka Rage

Tun da babban ɗanta ya shigo da ƙatuwar talabijin ɗin nan, Mai Ɗinki take kallonsa a kaikaice. Mutumin da sai an yi da gaske yake canja mata ƙwan fitila, yau shi ne da kyauta haka kawai? Kai, akwai wata a ƙasa.

"Mama, wannan ba irin tsohuwar ba ce," in ji shi yana jona wayoyi. "Ko gashin gira sai ki ƙirga. Ga bidiyon Auta, ki gan ta kamar tana falon nan."

Auta ce 'yarta ta ƙarshe, tana aiki a wani gari mai nisa. Wata uku ke nan sai dai a ji muryarta, wai aiki ya yi mata yawa.

Sai ga Auta ta cika allon, tana dariya, fuska ta sha hoda, sanye da shuɗiyar rigar da uwar ta ɗinka mata. Da a waya ne, da an sa albarka an wuce.

"Tsayar min nan," in ji uwar.

Ta gyara tabarau, ta matsa har hancinta ya kusa taɓa gilashin. Ga shi ɓaro-ɓaro a gefen rigar: farin zare, ɗinki a karkace. Ita da ba ta taɓa sa farin zare a shuɗin yadi ba! An ci yatsa uku kowane gefe, amma duk da haka kafaɗar tana reto.

"Wa ya rage rigar nan?"

"Mama, ai yayi ne yanzu..."

"Ni za ka gaya wa yayi? Shekara talatin ina gwada mutane. Ba a rage riga haka sai jiki ya zube. Me ke damun 'yata?"

Ya sunkuyar da kai yana juya rimot.

"Ta ce kada a gaya miki sai ta gama karɓar magani. Ita ta sa na sayo talabijin, wai ki gan ta tana dariya, hankalinki ya kwanta."

Ba ta zage shi ba, ko da yake ya cancanta. Ɗaki ta shiga, ta jefa kaya kala biyu a jaka, ta ɗora almakashi da shuɗin zare a kai.

"Mama, zaren fa?"

"In ta murmure, ni zan buɗe rigar. Tashi ka kai ni tasha."