Jar Rigar Rafilina

Rafilina, ƙanwata, ta faɗo shagon ɗinkina tana haki, ko gaisuwa babu.

"Yaya, ajiye almakashin nan! Don Saverio ya ce fuskata za ta fito!"

Don Saverio shi ne mai kamfanin fim ɗin da take wa aiki a nan birnin Napoli. Shekara da shekaru tana fitowa a finafinansa, amma kullum 'yar aiki: ta shigo da faranti, ta ajiye wa tauraruwa, ta juya. Mutanen layinmu sun fi sanin ƙeyarta a majigi, har suka laƙaba mata Mai Ƙeya. Sunanta kuwa bai taɓa hawa takardar talla ba, kuma wannan ne ke ci mata tuwo a ƙwarya.

Yanzu an ba ta matsayin ƙawar amarya a sabon fim, za ta yi rawar biki dab da kyamara. Ƙananan 'yan wasa su ke zuwa da kayansu, saboda haka ɗinki ya faɗo kaina.

"Ja nake so, Yaya. Jan da zai sa ido ƙwalla."

Na ɗinka, kuma ba yabon kai ba, rigar ta fita.

Ranar ɗauka na raka ta saman benen da suke aiki, don da hasken rana suke ɗaukar hoto. Tana yaye mayafi, Pascalino mai juya kyamara ya dafe kai.

"Ke 'yar nan, wa ya aike ki? Fim fari da baƙi ne, bai san ja ba! Baƙi ƙirin zai fito!"

Ina za ta sani, ita da ba ta taɓa sa komai ba sai farar rigar 'yan aiki? Don Saverio ya ɗaga kai, ga hadari na tasowa daga teku.

"Ko buhu ta sa, juya mana! Rana za ta gudu!"

Haka aka ɗauka. Ta taka rawa kamar ba ƙashi a jikinta, tana dariya ƙwalla na cika mata ido.

Ranar Lahadi da la'asar aka fara nunawa, layinmu kaf ya juye sinima, Mama har da takalmin zuwa coci. Da yake fim ba ya magana, mai piyano ya saki kiɗan biki. Ga amarya fara sol, sai ga wata mata cikin baƙaƙen kaya irin na takaba tana juyi a bayanta, baki har kunne, ido na ƙyalli. Baƙin kaya a gidan biki! Mu nan ko maƙiyinka ba ka yi wa haka.

"Wace la'ananniya ce wannan?" in ji Donna Carmenella mai sayar da kifi.

Maza suka shiga laluben makullai a aljihu, don taɓa ƙarfe ke korar mugun abu. Rafilina ta nutse cikin kujera ta damƙe hannuna.

"Na shiga uku, Yaya. Don Saverio korata zai yi."

Labari ya ci gaba, kuma kamar yadda Don Saverio ya saba, amarya ba ta kai ƙarshe ba, kishi ya sa ango ya soke ta. Tana faɗuwa Donna Carmenella ta miƙe zumbur.

"Ban faɗa muku ba? Matar nan Mutuwa ce! Tun a biki ta zo ɗaukarta!"

Sai wuri ya kaure da ihu da tafi da kuka. "A maido mana mai baƙin kaya!" Dole mai majigi ya mai da fim baya aka sake kallon rawar. Don Saverio, da yake ba shi da ta ido, ya miƙe yana rusuna wa jama'a, wai dabararsa ce tun farko.

A bakin ƙofa sai da Mama ta taɓa ƙarfen ƙyaure kafin ta rungume 'yarta.

Mako bai zagayo ba aka manna sabuwar takardar talla a bangon sinima, ga sunan Rafilina ɓaro-ɓaro a ƙarƙashin na tauraruwa. Ta daɗe tana bin sa da yatsa, ni ma daɗi ya sa na share ido. Masu wucewa suna ratse mata suna alamar gicciye, ita ko a jikinta.

"Yaya, jan yadin nan ya rage?"

"Ɗan guntu."

"To sayo bandir."