Kalma Huɗu a Ƙarƙashin Farar Ƙasa

A garinmu Xizhou ba sai ka tambayi sunan mai gida ba. Ka shiga tsakar gida ka dubi farin bangon da ke fuskantar ɗakuna, kalma huɗun da ke jikinsa za su gaya maka. Kowane dangi da nasu. Mu 'yan Zhao namu yana maganar molo da gauraka, saboda wani kakanmu da aka ba mulkin lardi ya tafi da su kaɗai, ya kuma dawo da su kaɗai. 'Yan Yang nasu cewa yake tsarkin hannu ne gadon gidansu.

Na gidanmu mahaifina ne ya rubuta da hannunsa, shekarar da aka haife ni. Sana'arsa ke nan, ita na gada: shafa farar ƙasa, zanen tsuntsaye da duwatsu a gefen bango, da rubutu. Ina da shekara sittin da uku yanzu, amma har yau ban iya jan wutsiyar kalmar gauraka yadda ya ja ta ba. Da la'asar, in rana ta sauko kan dutsen Cang ta bugi bangon, hasken yakan cika ɗakunan, rubutun kuma ya yi baƙi ƙirin kamar jiya aka yi shi.

Gidan ya fita daga hannunmu lokacin jinyar mahaifiyata. Yang Maolin ne ya saya. Benci ɗaya muka zauna da shi a makaranta, ya tafi Kunming fataucin ganyen shayi, ya dawo da mota da tumbi. Sharaɗi ɗaya na sa masa, a gaban dattawan unguwa, muna shan shayin nan uku da ake ba baƙo, mai ɗaci da mai zaƙi da mai yaji: kada a taɓa rubutun. Ya dafa ƙirji ya ce muddin yana numfashi ba mai taɓa shi.

Shekara tara yana numfashi lafiya lau. Rannan ya aiko a kira ni.

"Runde, sarkin farar ƙasa! Shigo mana, ai gidanku ne," ya ce yana dariya. A Kunming yake zaune, gidan ya mai da shi masaukin masu yawon buɗe ido, har da kujerun gora da injin kofi a ɗakin da aka haife ni.

"Ga ni," na ce.

"Ɗana zai yi aure. Yarinyar 'yar Jianchuan ce, kakanta Malam Dong tsohon malamin makaranta ne, mutum mai son tsofaffin gine-gine. Wata na shida za su zo su ga gari, su ga gonaki, su ci kifinmu. To, ka san baki, na riga na ce musu gidan nan na kakannina ne tun kaka na bakwai." Ya nuna bangon da haɓa. "Ka shafe wannan ka sa namu."

"Ka sha shayi a kan bangon nan, Maolin."

"Haba, shayin da na sha shekara tara ai ya daɗe da fita daga jikina! Kai na kira don hannunka ya fi na kowa. In ka ƙi, akwai samari a birnin Xiaguan masu injin kankare bango, kafin azahar sun kai shi ga bulo."

Zuciyata ta tafasa har na ji kunnuwana suna zafi. Na so in kwaɗa masa butar shayin da ke gabansa. Amma maganar injin ta tsaya mini a rai. In na yi fushi na fita, hannun mahaifina zai zama ƙura a share shi a zuba a kwata. Sai na haɗiye, na ce masa to, zan yi.

Matata Shulan tana gasa gurasa a bakin kasuwa, garwashi sama garwashi ƙasa. Da na gaya mata, sai ta ajiye murfin kaskon ta dube ni.

"Kai ɗin? Kai da ka ce gara a sare maka hannu?"

"Aiki ne aka ba ni."

"Shekara arba'in ina kallon fuskar nan. In ka yi shiru haka, wani zai yi kuka. Ni dai kada ka ja mana abin da za a kai ka ofishin 'yan sanda."

"Farar ƙasa kawai zan shafa," na ce, kuma gaskiya na faɗa mata.

Abin da Maolin bai sani ba, don bai taɓa riƙe burushi ba, mahaifina ba ya haɗa tawadarsa da ruwa zalla. Da kunkunniyar itace yake yi, ya sa mata man tung, wani man 'ya'yan itace da ke ɓullowa ta cikin farar ƙasa in ta sha ɗanshi. Duk wanda zai rufe irin wannan rubutu sai ya fara toshe shi da danƙo, ya bi da farar ƙasa mai kauri sau uku. Ni ban toshe ba. Ranar farko na hau tsani da ƙyalle da kwalbar man tung, na bi kowane layi na rubutun a hankali, daga inda mahaifina ya sa burushi zuwa inda ya ɗaga. Ban ɓoye ba, na yi hawaye a kan tsanin nan. Sannan na shafa farar ƙasa tsararo, shafa ɗaya tak. Lokacin rani ne, ta bushe fari fat.

A kai na rubuta na 'yan Yang, kuma na ƙure hannuna, don ba na so a ce na yi masa aikin banza. Da ya zo dubawa sai da ya tafa.

"Ka gani? Ashe ba a mutuwa!"

"Saura abu ɗaya," na ce. "Sabon rubutu ba a barin sa tsirara. A rufe shi da jan ƙyalle, babban baƙo ya yaye."

Na san mutumina. Yana jin an ce biki da babban baƙo, ya sa aka sayo ƙyalle mai kauri, ni na ɗaure shi tam ta kowace kusurwa, ya hana ma'aikatan gidan taɓawa, ya koma Kunming. Damina ta sauka. Mako biyar ana ruwa, ƙyallen yana jiƙewa yana manne wa bangon. Kowace safiya in na ji ruwa a kan rufi, tuwon shinkafata har daɗi yake ƙarawa.

Ranar da baƙin suka zo, Maolin ya zaga da su ko'ina. Ya kai su gonakin shinkafa sun yi hotuna, ya kai su bakin tafkin Erhai, ya saya musu gasasshen cuku da zumar fure. Shulan ya ɗauka ta gasa gurasa a tsakar gidan, ni kuma ya gayyace ni don ya nuna yana da mai zane na kansa. Unguwa duk ta hallara. Aka ci kifi mai tsami da barkono, Maolin yana ta nuna ƙofofi yana cewa kakansa na huɗu ne ya sa aka sassaƙa. Dattawan da suka sha shayin alkawari suna zaune, kowa ya sunkuyar da kai cikin kwanonsa.

Malam Dong ɗan siririn tsoho ne mai sanda, ba ya yawan magana. Da la'asar rana ta leƙo, Maolin ya kama hannunsa ya kai shi gaban bangon.

"Baba, na ɗan sabunta rubutun kakanni. Kai za ka buɗe mana."

Tsohon ya ja igiya. Ƙyallen ya faɗo jagab.

Rubutun Yang yana nan. Amma ta ƙarƙashinsa, ya fi shi girma, ya fi shi baƙi, kalmominmu na molo da gauraka sun fito duka huɗu, wutsiyar nan ta ratsa ta tsakiyar kalmar tsarki. Wata tsohuwa ta ce "Kai!" sannan tsakar gidan ta yi tsit, ba ka jin komai sai ɗigar indararo.

Malam Dong ya sa tabarau ya daɗe yana kallo. Bai ko waiwayi Maolin ba.

"Wane ne Zhao a nan?"

"Ni ne, Malam," na ce.

"Hannun wa ke nan?"

"Na mahaifina."

Ya miƙa wa jikarsa sandar, ya haɗa hannu biyu ya rusuna wa bangon. Ni da na zo don in ga fuskar Maolin, sai hawaye suka hana ni ganin komai.

"Ɗanshi ne, Baba, ɗanshi ne kawai!" Maolin ya fara in'ina, gumi yana bin wuyansa. "Tsohon datti ne. Gobe-goben nan zan sa a kankare shi har bulo."

Na yi tunanin komai ban da wannan: na kunyata shi, na kuma miƙa bangon ga injin.

"Yang Maolin," tsohon ya ce a hankali, "jikata tana son ɗanka, kuma yaron bai yi mini ƙarya ba, don haka ba zan raba su ba. Amma a tsakar gidan nan za a yi bikin, kuma zan zo da dangina duka. In na tarar ƙarfe ya taɓa bangon nan, da yarinyar zan koma."

Kwana biyu bayan haka Maolin ya zo gidana da kansa, a ƙafa. Na ba shi kujera. Na gasa ganyen shayi a ƙaramar buta har ya yi ƙauri, na zuba masa kofin farko, mai ɗaci.

"Yaya Runde," ya ce. Tun muna yara bai taɓa ce mini yaya ba. "Naku ya zauna, na yarda. Amma ka taimaka ka wanke nawa daga kai. Mutum ɗari huɗu za su zo. Yara har sun fara tsayawa a ƙofa suna karanta tsarkin hannu suna dariya. Na nemi masu zane uku, kowa ya ce in ya wanke na sama na ƙasa zai lalace, kai kaɗai ka san yadda ka yi shi."

"Gaskiya suka faɗa maka."

"To yaushe za ka zo?"

"Aiki ya yi mini yawa," na ce. "Sai bayan biki."

Ya ɗaga kofin ya shanye yana yamutsa fuska, ya ajiye, ya zauna yana kallon murhu yana jiran na biyu, mai zaƙi. Shulan ta miƙo mini gwangwanin sukari da gyaɗar da ake zuba wa kofi na biyu. Na karɓa na mayar inda ake ajiye shi, na ɗauki bokitina na farar ƙasa na fita.