Littattafan da Na Ƙunshe Fara da Su

Shekarar da sojoji suka ƙwace mulki, takarda ta yi wuya a Kampala kamar sukari. Ni kuwa fara nake soyawa a bakin kasuwar Wandegeya, kuma fara ba ta sayuwa sai da abin ƙunshewa.

Yayana Ssebuliba malami ne a jami'a. Abin da yake koyarwa shi ne zaman soja da farar hula, wa ya kamata ya ji maganar wa, da inda ya kamata bindiga ta tsaya. Duk sana'o'in duniya, ka ji wadda mutum ya zaɓar wa kansa! Da aka fara cusa abokan aikinsa a but ɗin mota ana tafiya da su, sai ga shi a gidana da hantsi, ba ko rigar canji, amma da kwalaye cike da littattafai. Na ɓoye shi a ɗakin gawayi, bayan buhuna. Littattafan ne suka hana ni sakat, don a lokacin in aka ga irinsu a ɗakinka, ka gama yawo.

Na ce a ƙone su. Ya ce warin hayaƙin takarda daban yake, ga shi maƙwabcinmu yana da aboki a bariki. Na ce a zuba a masai, ya kusa yi min kuka. Ƙarshe ni na yanke hukunci: bangayen na tura murhu da kaɗan-kaɗan, cikin kuwa na riƙa yagowa ina tafiya da shi kasuwa. Mai saye ya ci ya yar, akuya ta ƙarasa. Har yaba wa kaina na yi. Turancina bai wuce na gaisuwa ba, shi ya sa jan rubutun da Yaya ya cika gefen kowane shafi da shi ban ɗauke shi a bakin komai ba.

Ana tsakiyar lokacin fara, wani hafsa siriri mai gilashin ido ya tsaya ya saya. Ya cinye a tsaye, amma bai yar da takardar ba. Ya warware ta, ya goge a cinyarsa, ya yi ta karantawa. Sannan ya ɗago ya dube ni, ya ninke ta ya sa a aljihu. Ya kama hanyarsa.

Washegari ya dawo, ya ce in ƙunshe masa a shafin da ke bin na jiya. Haka ya mayar da abin kullum. Na daina ba kowa takarda, na koma ganyen ayaba, amma ragowar na ajiye su a ƙarƙashin faranti saboda shi. Wa ya isa ya ce wa mai kaki babu?

Wata rana ya rage murya ya ce, "Mama, na san wannan jan biron. Ya taɓa ɓata min takardar jarrabawa da shi."

Na ce, "Afande," don haka ake kiran soja a nan, "a bola nake tsintowa."

Ya ce, "To, ki faɗa wa bolar ta yi nesa da garin nan."

Da na kwatanta wa Yaya kamanninsa, ya ce ai Okwera ne, ɗalibinsa kafin ya shiga soja, ya taɓa kayar da shi a jarrabawa. Wai har murna yake yaron bai daina karatu ba. Ni ina neman mafita, shi yana murna. Gargaɗi ne, tarko ne, ban sani ba. Na dai shirya da wani direban motar gawayi ya fitar da Yaya ranar Asabar.

Ranar Juma'a Okwera yana tsaye a gaban kaskona sai wata farar mota marar lamba ta ja birki. Wani saje mai baƙin gilashi ya fito da mutanensa, suka ritsa shi, suka caje shi. A aljihun ƙirjinsa suka zaro takardun nan, tuli guda, duk mai ya jiƙa su. Sajen ya tambaye shi ina ya same su, rubutun wane ne. Aka buga masa gindin bindiga a baki. Tsakaninsa da farantina bai fi taku ba, hannu kawai zai nuna.

Ya tofar da jini ya ce littafinsa ne tun na makaranta, rubutun ma nasa ne. Ko sau ɗaya bai kalle ni ba har suka danna shi a but suka rufe.

Sajen ya juya zai shiga mota, ƙamshi ya dawo da shi. Ya ce in ƙunshe masa. Na jawo ganye, ganyen ya tsage, fara ta zube. Ya ja tsaki ya ce wane irin ƙauyanci ne wannan. Ya ɗaga farantin da kansa, ya zaro shafi ɗaya bai ko duba ba, ya naɗe, ya ɗebi fara ya cika. Ya shiga mota yana taunawa, ƙunshin a hannunsa, takardun Okwera a kan cinyarsa. Kallo ɗaya zai ishe shi ya gane jan biron iri ɗaya ne.

Na bar kasko a kan wuta na kama hanyar gida. Ban yi gudu ba, don mai gudu ake harbi. Na tura ƙofar ɗakin gawayi, na tarar da Yaya zaune a kan buhu, fuskarsa duk baƙi, yana murmushi.

Ya kira sunana ya ce, "Nakiwala, yau wane babi ɗalibin nawa ya kai?"

Kafin in buɗe baki, na ji mota ta rage gudu a bakin layinmu.