Ƙafar da Dakta Ya Sauya

Ɗan ƙanena ya dawo daga jami'a da jaka a kafaɗa da gilashi a ido, ya ce ya zo ya yi nazarinmu. Mu ɗin nan dai da muka wanke masa kashi. Ni na goya shi bayan rasuwar uwarsa, a tsakar gidan nan ya koyi tafiya, amma ranar sai da ya tsaya yana ƙare wa igiyar shanyata kallo kamar yau aka ƙirƙiro ta, har ya rubuta wani abu a littafinsa. Tun kafin a ba shi digirin unguwa ta sa masa suna Dakta, shi kuma bai taɓa cewa a bari ba.

"Gwaggo," ya ce, "abin da kuke yi a unguwar nan ba ƙarami ba ne. A fanninmu na nazarin al'umma ana kiransa gwagwarmayar talakawa daga tushe."

"Mu kuma a fanninmu ana kiransa kai shara," na ce. "Je ka wanke hannu ka ci abinci."

Ga abin da muke yi ɗin. Shekara uku kafin zuwansa, hukumar shara ta ga dama ta mayar da filin bayan unguwarmu juji. Motocinta su kwaso ƙazantar gari kaf su juye mana, da yamma a cinna wuta. Ƙuda ya zama ɗan gida, tari kuwa har jarirai sun iya. Mun rubuta takardun koke har biro ya gaji, aka ce ana dubawa. Da abin ya kai mu bango sai muka fara mayar musu da kayansu. Kowa ya cika leda ɗaya daga jujin, a tafi ofishin hukumar a ƙafa, a ajiye a ƙofar Darakta, a juyo. Ba waƙa, ba kwali, ba zagi. Idan mai gadi ya tambaya waye shugabanmu, amsa ɗaya ce: babu. Ba wanda za a kama, ba wanda za a saya, kuma abin ya fara ci, don motocin sun ragu sosai.

Sai dai shara ba ta da amfani idan mai ita ba ya nan, Darakta kuwa zuwansa ofis sai an yi sa'a. Amma duk ranar da muka je sai mu same shi, galibi ma da manyan baƙi a zaune. Mutanen unguwa abin da suka sani kawai shi ne, in aka wayi gari aka hango zanin gado ruwan ɗorawa a kan igiyar soron benenmu, to yau akwai tafiya. Wasu sun san ni ke shanya shi. Ba wanda ya tambaye ni inda nake samun labari, don a unguwarmu mutane sun iya rashin tambaya.

Maigidana ne masinjan hukumar. Shekara talatin da huɗu yana yawo da fayil daga tebur zuwa tebur, yana ɗingisa ƙafar dama da babur ya taɓa karya masa. Shi ke kai takardun gayyata, shi ke jera kujerun taro, don haka ya san ranar da Darakta zai zauna tun kafin matar Darakta ta sani. Ba ya faɗa mini da baki, ko a waya. Duk ranar da ta dace sai ya manta kular abincinsa a kan teburin falo ya fita. In na ga kula, sai in hau sama in shanya zani. Ranar nan haka zai wuni da yunwa, don ba ya iya cin abincin waje. Saura wata bakwai ya yi ritaya a lokacin da Dakta ya gama aikinsa, kuma duk wanda ya san aikin gwamnati ya san in aka kore ka da laifin cin amana, fansho ya tafi, shekarun nan duk sun bi ruwa.

Dakta ya yi wata takwas yana nazarinmu. Ya ce ƙa'idar fanninsu ita ce mai bincike ya shiga cikin jama'a ya yi abin da suke yi, saboda haka shi ma ya ɗauki leda, da ɗan yatsa biyu, ɗaya hannun yana toshe hanci. Abin da ya hana shi sakat shi ne rashin shugaba. Wai littattafai sun ce babu wani yunƙurin jama'a da ba shi da tsari a ɓoye, shi kuma sai ya tono namu. Ya bi gida gida da na'urar ɗaukar magana. Mai Faci na bakin titi ya ce masa shugabanmu ƙuda ne, shi ke tashinmu da safe. Tsohuwar Nas ta ce ita dai tarin jikarta take bi. Duk ya rubuta, har ya ce amsar Mai Faci tana da zurfin falsafa.

Amma yaron ba wawa ba ne, wannan kam ba zan ci haƙƙinsa ba. Ni ce ma na ba shi hanya da hannuna. Duk ranar da aka manta kula, shi nake tura wa shinkafar don kada ta lalace. Ashe yana ci yana rubuta kwanan wata. Wata Asabar da hantsi muna zaune a falo sai ya buɗe littafinsa ya ce, "Gwaggo, na lura duk ranar da na ci abincin Baba, ranar ake shanya zani."

Na dake. Na ce, "Lallai karatu ya yi rana. An tura ka jami'a ka dawo kana ƙirga lomar da ka ci."

Da ni kaɗai ce, da a nan maganar ta mutu. Sai dai maigidan yana zaune, kuma na ga yadda fuskarsa ta washe. Mutumin da ya shekara talatin da huɗu ana ce masa "kai, zo nan," yau ga mai gilashi ya durƙusa gabansa yana cewa, "Baba, ashe kai ne ƙashin bayan tafiyar nan gaba ɗaya." Ina zungurin ƙafarsa, ina gyaran murya, ko a jikinsa. Ya zayyana masa komai, har da abin da ba a tambaye shi ba.

"Malam," na ce bayan ya gama, "ka san dai abin da ka yi?"

Dakta ya yi caraf ya amsa. "Gwaggo, ki kwantar da hankalinki. Muna da ƙa'ida mai tsauri, har takarda na sa wa hannu a jami'a. Ba a ambatar sunan kowa. Ana sauya kamanni yadda ko uwar mutum ba za ta gane shi ba."

Na ce to, Allah ya sa.

Ya koma ya rubuta kundinsa, aka ba shi digirin, muka yi murna har da rabon alewa. Abin da bai faɗa mana ba shi ne fannin nasu yana da wata ƙa'idar kuma, wai dole a mayar wa masu ruwa da tsaki sakamakon bincike. Mu da muke shaƙar hayaƙin ba mu samu kwafi ba, don da Turanci ne. Hukumar shara ce ta samu, an yi masa bango mai kauri da rubutun ruwan zinariya. Wa kuke tsammani ya karɓi kundin daga hannun mai gadi, ya goge masa ƙura da hannun riga, ya ɗingisa ya kai teburin Darakta? Har ya dawo gida yana ba ni labari da fara'a, wai ya ga sunan ɗanmu a jikin littafi.

Darakta ba ya karatu, kowa ya sani. Littattafan da ake kawo masa da su ake tokare taga. Amma wannan an ce masa a kan hukumarsa aka rubuta, sai ya sa sakatarensa ya bi shafi shafi ya nemo duk inda aka ambace shi. Ana cikin neman yabo aka yi karo da shafi na ɗari da sha biyu.

Ranar Laraba tun kafin azahar na ji sallamar maigidan. Ya shigo da kularsa a hannu ko buɗe ta bai yi ba, da farar ambulan a ɗaya hannun. Ya zauna a bakin kujera, ya cire hula ya ɗora a gwiwa. Ya ce Darakta ya kira shi, karo na farko da ya taɓa ce masa ya zauna, ya sa aka karanta masa shafin, sannan ya tambaye shi masinja nawa hukumar ke da su. Ɗaya ne. Tun da aka kafa ta ɗaya ne.

Ban yi kuka ba a lokacin. Raina ne ya ɓaci irin ɓacin da ban taɓa ji ba, na ɗauko waya na kira Dakta.

Washegari ya iso, ido ya yi ja, kundin a hammata. Na ce ya buɗe shafin ya fassara mana, kalma bayan kalma, kada ya tsallake ko ɗaya. Ya karanta murya na karkarwa: "Wani masinja a hukumar, mai shekara hamsin da tara, wanda zan kira Malam Wane domin kare shi, yana ɗingishi da ƙafar hagu. Shekara uku yana sadaukar da abincin ranarsa domin unguwarsa ta shaƙi iska mai kyau, ba tare da kowa ya sani ko ya gode masa ba."

"Wannan ne ɓoyewar?" na ce. "Wannan ne ko uwar mutum ba za ta gane shi ba?"

"Gwaggo, wallahi na sauya," ya ce. "Ƙafar dama ce ke masa ciwo, na mayar da ita hagu."

Na daɗe ina kallonsa. Shekara nawa na karatu, da jarrabawa, da farfesoshi uku da suka duba aikin suka sa hannu, dabarar da aka iya samowa ke nan. An canza wa mijina ƙafa. Na faɗa masa maganganu a ranar waɗanda ba zan maimaita ba, ya sunkuyar da kai yana hawaye, gilashin ya yi hazo. Ya ce zai rubuta wa hukumar, zai rubuta wa jami'a. Na ce ya taimake mu ya daina rubutu haka nan.

Maigidan ya bari sai da na gama faɗana. Sannan ya ɗago kai ya ce, "Ɗana, sake karanta mini wajen ƙarshen nan."

Ya sake karantawa. Maigidan ya gyaɗa kai a hankali, ya ce a yago masa shafin. Ya ninke shi huɗu ya sa a aljihun gaba, tare da takardar korar. A nan ne kukan ya zo mini, don na gane a shekara talatin da huɗu waɗannan takardu biyu ne kaɗai aka taɓa rubutawa a kansa, kuma ɗayar ce ta jawo ɗayar. Haushinsa nake ji, tausayinsa kuma ya fi haushin yawa.

Ranar Litinin ya tashi da sassafe kamar kullum, ya yi wanka, ya sa kayan aikinsa da na goge. Ni ma hannuna ya saba, sai da na zuba abinci a kula kafin na tuna babu inda za shi. Ya ɗauke ta ya kai bakin ƙofa, ya tsaya, ya dawo ya ajiye ta a kan teburin falo.

"Malam, ai ba ka da ofis yanzu," na ce.

"Yau akwai taro da baƙi daga sama," ya ce. "Ni na raba takardun gayyatar kafin su sallame ni. Ita ce ta ƙarshe da na sani. Daga ita sai dai ku nemi wata hanya."

Na hau sama na shanya zanin. Kan ka ce kwabo layi ya cika, har da waɗanda ba su taɓa fitowa ba, don labari ya riga ya zaga. Dakta ma ya fito, babu littafi, babu na'ura. Tsohuwar Nas ta zaɓo masa ledar da ta fi kowace nauyi da ɗoyi, ya rungume ta da hannu biyu. Maigidan ya cika tasa, karo na farko a shekara uku. Ba a gaba ya tsaya ba, a tsakiya ya shiga, yana jan ƙafarsa ta dama.

A bakin ƙofar hukumar, mai gadin da suka shekara ashirin suna shan shayi tare da maigidan ya yi tambayarsa ta kullum, amma bai iya ɗaga ido ba. "Waye shugabanku?"

"Babu," muka ce. Muryar maigidan na cikin waɗanda na ji.

Muka ajiye ledojin a ƙofar Darakta, baƙi na leƙe ta taga suna toshe hanci. Da muka fito sai na riƙo hannun rigar maigidan, na zaunar da shi a kan dakalin da ke fuskantar ofishin. Na zuba masa ruwa ya wanke hannu, na ciro kular daga jakata na buɗe. Shekara uku bai taɓa cin abincin rana ba a ranar da aka shanya zani. Ya ci a hankali yana kallon ƙofar, ni kuma ina riƙe masa da murfin.