Ƙahon Ajani

Mijina, Baba Wosila, in ka ba shi allura da zare sai la'asar ta yi bai zura ba. Amma jawo masa rago ya ɗora hannu a ƙahonsa, yanzun nan zai gaya maka inda ƙahon zai kai baɗi. Sunansa na yanka Muraina, sai dai duk garin Iwo ba mai kiransa haka in ba Lasisi ba, shi ma don tare suka yi wasan ƙasa. Shi ne babban masu ragunan karo na unguwarmu. Ni kuwa Simbiyatu, mai sayar da eko, wato agidi, aikina in jiƙa masara in niƙa in tace, dusar ta tafi cikin ragonsa, ko sannu ba na samu.

Masu raguna suna da kalmomi biyu da ba sa wasa da su. Ƙahon da ya murɗe ya zagayo ya cika zagayensa, tsininsa ya buɗe waje ya bar fuska, shi suke kira okoto, sunan katantanwa ke nan a bakinmu. Wanda ragonsa ya samu wannan suna har tafiyarsa sai ta canja. Ɗaya kalmar ita ce okudiye, wato saura kaɗan. Shi ma ƙahon ya ɗauko murɗawar da kyau, wanda bai sani ba sai ya rantse okoto ne, amma zagayen ya matse, tsinin maimakon ya fita waje sai ya nufo kumatu. Ba a ce wa gajeren ƙaho okudiye, ba a ce wa karyayye, balle miƙaƙƙe irin na akuya. Sai wanda ya kusa, ya kusa har ya sa wa mai shi rai. Maganinsa zarto, kuma ragon da zarto ya taɓa ƙahonsa ya yi sallama da filin karo ke nan.

Ba kowane baki ne yake furta waɗannan kalmomi ba. Ranar Lahadi bayan la'asar suke taruwa a gindin mangwaron bayan makarantar firamare. Mai rago ya jawo abinsa, ya kwanta rub da ciki ya gaida Baba, ya ce, "Baba, ga nawa, me ka gani?" Sai an tambaye shi yake magana. In mai rago bai tambaya ba, ko ƙahon ya huda ido Baba ba zai ce uffan ba, don ba a yi wa mutum shisshigi a kan dabbarsa.

To, sai ga Ajani.

A tsakar gidanmu aka haife shi, uwarsa ta mutu ta bar shi yana rawar ƙafa. Wannan tsoho da bai taɓa goya 'yarsa ko sau ɗaya ba, shi ne ya sayo bulumboti yana ba ɗan rago madara a cinya. 'Ya'yanmu duk mata ne, duk sun yi aure sun watse, sai ya ɗauki sunan da ake yi wa ɗa namiji kirari da shi ya liƙa wa rago. Ajani ya tashi ƙato, fari da baƙin kai, gezarsa har gwiwa. Da sabuluna na wanka ake wanke shi. In na yi magana a ce, "Haba Iya Wosila, a kan sabulu?" Ni ma dai, gaskiya, ina son ja'irin. Da asuba in ina tata sai ya zo ya ɗora haɓarsa a kafaɗata yana huci, ba ya tafiya sai na sosa masa kumatu.

Wajen susar nan na gano abin. Farkon damina ne, na kai yatsa in sosa masa kumatun hagu, sai yatsan ya ƙi shiga tsakanin tsinin ƙaho da fata. Na dama lafiya lau, har hannuna yana wucewa. Na hagun ne ya juyo yana neman ƙasan ido.

Na bari sai da ya gama cin amala ya wanke hannu, sannan na ce, "Baba Wosila, ƙahon yaron nan na hagu fa yana neman fuskarsa."

"Wane yaro?"

"Yaronka mana. Akwai wani a gidan nan?"

Ya gyara hula ya ce, "Uban Ajani okoto ne, kakansa okoto ne, ni na faɗa da bakina. Ƙaho bai gama tafiyarsa ba, zai juya. Ke da kika san kamu, tsaya a kamu."

Ka ji min mutum! Na haɗiye, don na san halin kayana, in aka matsa masa sai ya ƙara ƙanƙamewa.

Ƙaho dai bai juya ba. Gashin wurin ya soma zubewa, fata ta yi ja, daga nan ta fashe. Idon ya kama zubar da ruwa, ƙudaje suka samu wurin zama. Ajani da ba ya barin dusa ta kwana, sai ya ci kaɗan ya koma gindin bango yana goga fuska. Kullum da safe tsohon nan zai tsuguna ya shafa masa man kaɗanya, ya cusa ɗan tsumma tsakanin tsinin da ciwon, yana yi masa kirari ƙasa-ƙasa. Ya daina fita da shi ranar Lahadi, wai yana hutawa kafin karon bayan Sallah. Abin da ya fi ci mini rai, na lura yana shafa wuyansa, yana shafa bayansa, amma ko da wasa hannunsa ba ya sauka a kan ƙahon. Mutumin da ragon baƙo ma in ya gifta sai ya taɓa ƙahonsa! Tsinin kuwa kullum ƙara matsowa yake yi, ina gani idon nan zai tafi.

Na je wurin Morufu mai walda, shi ke riƙe da zarton ƙungiyarsu. Ina fara magana ya kashe injin ya dafe kai.

"Iya, ki rufa mini asiri. Duk mun gani, har makaho ya gani. Amma ni in buɗe baki in ce wa ragon Baba okudiye? Ni da shi ya zaɓar mini ragona na fari? Gara ki ce in haɗiye zarton."

"To ku zauna, ido ya tsiyaye kuna girmamawa. Maza ke nan!"

Na wuce wurin Lasisi, tunda shi ne kaɗai sa'ansa. Na same shi yana yanka wa ragonsa ɓawon rogo. Ya saurare ni har na gama, sannan ya ajiye wuƙar hannunsa.

"Matarmu, ni ne na fi kowa rashin bakin magana. Ragona ne zai kara da Ajani bayan Sallah. In na faɗa, gari zai ɗauka tsoro na ji, na nemi a cire shi da zarto. Shi kansa Muraina haka zai ɗauka, abotarmu ta lalace a kan ƙaho. Kuma kin san ba ya yanke hukunci sai mai rago ya tambaya. To wa zai tambaye shi? Ya kwanta ya gaida kansa?"

Na juya zan tafi ina ta faɗa ni kaɗai, har na kai bakin ƙofa, sai na tsaya cak.

"Baba Lasisi, a garin nan ɗan dabba na wa ne, na mai uba ko na mai uwa?"

"Na mai uwa mana."

"To tunkiyar da ta haifi Ajani, wa ya kawo ta gidanmu?"

Ya ɗago kai a hankali. Shi ne ya sauke ta daga bayan mota da hannunsa, ranar da yayana ya aiko mini da ita gudummawar bikin 'yarmu Wosila. Sai ya fashe da dariya har da tari, ya ce, "Kai, Allah ya jiƙan Muraina da ransa."

Ranar Lahadi na bari ya fita, na ɗauko zanen da nake zuwa biki da shi, na kafa ɗaurin kai. Na kwance Ajani. In faɗi gaskiya shi ya ja ni, ba ni na ja shi ba, don ya san hanya kuma ya yi kewarta. Muka isa gindin mangwaro ina haki, ɗaurin kan ya karkace. Mace ba ta zuwa wurin nan ko da kawo ruwa ne, don haka samarin suka yi tsit, daga baya wani ya kasa riƙe dariya, sauran suka bi.

Baba yana zaune a kan bencinsa. Ya dube ni, ya dubi igiyar hannuna.

"Iya Wosila, gobara aka yi a gida?"

Na bi layi bayan wani mai jan rago, na jira har aka gama da shi. Da layi ya zo kaina na durƙusa gwiwa biyu a cikin ƙasar nan mai kashin tumaki, da zanen bikina, na ce da ƙarfi yadda kowa zai ji, "Baba, ga nawa, me ka gani?"

"Naki?"

"Nawa. Tunkiyata ce ta haife shi, dusata yake ci."

Lasisi daga gefe ya ce, "Ni shaida ne, Muraina. Mai rago ta yi tambaya."

Dariya ta ɗauke. Na dubi mijina, wallahi sai tausayinsa ya kama ni, har na ji kamar in tashi in ja ragon in koma gida. Amma na dubi idon Ajani da ƙudaje a kai, na zauna daram.

In zai yanke hukunci rufe ido yake yi, wai don kada kyawun dabba ya ruɗe shi, ya ɗora babban yatsa a gindin ƙaho ya bi shi har tsini. Ya rufe idon. Ya fara da na dama, yatsan ya zagaya ya fita waje.

"Wannan okoto ne," in ji shi.

Ya koma na hagu. Yatsan ya tafi a hankali, ya zagayo, ya zagayo, sai ya tsaya a inda tsumman yake. Ajani ya ɗan zabura don zafi, sannan ya tura kansa cikin ƙirjin tsohon, yadda yake yi tun yana shan bulumboti. Baba bai buɗe ido ba. Ya daɗe a haka, har na soma jin gwiwoyina suna zugi.

"Okudiye."

Da muryar da yake faɗa wa kowa ya faɗa, bai rage ba bai ƙara ba. Al'ada ce mai rago ya yi godiya ko hukuncin bai yi masa daɗi ba. Na ce, "Na gode, Baba," sai ga hawaye shar, ni da na zo da shirin faɗa.

Morufu ya ɗauko zarto yana kallon ƙasa. Baba ya tuɓe babbar rigarsa ya miƙo mini, ya cire hularsa ya rufe wa Ajani ido da ita, ya rungume kan a hammatarsa. Bai yarda kowa ya taya shi riƙo ba. Ana gogawa yana yi masa kirari a kunne, warin ƙonannen gashi ya cika wurin, can tsinin ya faɗi ƙasa, ɗan guntu da bai kai yatsa ba. Ko ɗigon jini babu. Ajani ya girgiza kai, ya yi atishawa, ya kama cin ganyen mangwaro.

Lasisi ya ce, "Alhamdu lillahi, ragona ya tsira. Dama tun jiya yake gudawa don tsoro." Aka yi dariya, har Baba ya ɗan murmusa.

Da aka tashi shi ya riƙe igiyar, yana gaba ina baya da rigarsa a hannu. Na san na kunyata shi a gaban yaransa, na raba shi da karon da ya daɗe yana mafarki, don haka ina tafe ina wasa bakina, in ya ce ɗaya in ce goma. Mun kusa shiga kasuwa sai ya tsaya, bai juyo ba.

"Simbi."

Rabon da ya kira ni haka tun kafin in haifi Wosila.

"Me ya sa kika daɗe?"

"Na daɗe? Ni?"

"Tun farkon damina, duk Lahadi sai na yi ta duban hanya, ko Allah zai kawo wanda zai jawo shi ya tambaye ni."

Kai jama'a! Na rasa ko in rufe shi da faɗa ko in yi kuka. Na ce, "To bakinka me yake yi duk tsawon lokacin nan, tsohon banza?"

Ya miƙo mini igiyar ya ce, "Riƙe ragonki, hannuna rawa yake yi."

Na karɓa. Da gaske rawa yake yi, sai na haɗa na riƙe har da hannun. A haka muka ratsa tsakiyar kasuwa, masu tumatir suna ta kallonmu, ni kuwa ban sake shi ba.