Shaidar Sahura

Sahura ta kasa zama. Ta tashi daga bencin da ke ƙofar kotun Dogon Dutsi, ta je gindin itacen bedi, ta dawo, ta kwance goyo ta sake ɗaurewa. A can gefe yayanta Illo yana tsaye, ya kafe ta da ido. Sai ga jandarmomi sun shigo da mijinta Dalhatu, wuyansa ya yi tsawo don rama.

Dalhatu ne sakataren kwamitin filaye na ƙauyensu, kusa da Kore Mairuwa. Tun da doka ta ce a riƙa yi wa gonaki takarda, hatiminsa ya zama abin nema. Bara ya buga shi a kan takardar da ta ce gonar fadama ta dangin maigari ce, kuma sun sayar wa Alhaji Adamu, wani ɗan kasuwar birni. Gonar nan kuwa uban Sahura ya noma ta har ya mutu, haka ma kakanta, ba su taɓa riƙe takarda ba. Illo ya kai ƙara, aka kama Dalhatu da laifin cin hanci.

"Ke kaɗai kinka ga sanda Alhaji ya kawo babur gidanku," in ji Illo ranar da ya zo mata da sammaci. "In kinka yi shiru, Baba kinka ci amana, ba ni ba."

"Yaya, uban ɗiyana ne fa."

"Ni kuma nawa ɗiyan, ƙasa za su ci?"

* * *

Ta je kaso, inda ake tsare da Dalhatu, ta gan shi kafin ranar zaman kotu. Ta miƙa masa fura, ya riƙe kwanon bai sha ba.

"Baban Karima, ka san gonar Baba ce?"

"Na sani."

"Kuma ka buga?"

"Maigari na zaune, Alhaji na zaune. In na ƙi, su tuɓe ni su sa wani shi buga." Ya sassauta murya. "Ki ce ba ki ga komi ba, Sahura. Don yaran nan."

A motar komawa gida tunani ɗaya ya riƙa dawo mata. Ita ma ta hau babur ɗin nan zuwa biki a Tibiri, har tana yi wa mata fari da ido.

* * *

Da aka kira sunanta, ta shiga ta tsaya gaban alƙali. Alƙali ya yi tambaya da Faransanci, tafinta ya juya. Ta dubi Dalhatu, ya sunkuyar da kai.

"Na gani," ta ce. "Alhaji da kanshi ya ba shi makullin babur a zaurenmu."

Aka yanke wa Dalhatu ɗauri. Lauyan Alhaji ya miƙe ya ce babur kyautar zumunci ce, shi ma Alhaji yaudararsa aka yi; aka sallami Alhaji. Maigari kuwa ko sunansa ba a ambata ba.

Illo ya ɗaga hannu. "Ranka shi daɗe, gonar fa?"

Tafinta ya ce wannan shari'ar cin hanci ce, maganar mai gona wata shari'a ce daban, za a sa rana. Kafin nan kada kowa ya sa mata fartanya.

* * *

Ba a sa ranar ba har ruwa ya sauka. Uwar Dalhatu ta fito wa Sahura da kayanta tsakar gida, ta ce ba ta zama da wadda ta ɗaure mata ɗa. Sahura ta koma gidan Illo. Illo ya yi ta zirga-zirga tsakanin ƙauye da Dogon Dutsi har ya sayar da awakinsa, sannan ya tafi ci-rani Legas da tsakiyar damina, ya bar ta da matarsa da rumbu wayam.

Wata safiya hatsi ya ƙare ƙaf. Sahura ta ɗauki ƙwarya ta gangara fadama. Geron maƙwabta ya kai ƙirji, gonar Baba kuwa tafasa ta rufe ta baki ɗaya, kore shar. Ta tsaya a kan iyaka, ta duba gabas, ta duba yamma. Sannan ta shiga da sanɗa ta fara tsinkar ganyen da sauri, tana yi tana waige.