Ƙafar Sallau Ta Samu Aiki

Jiya da dare na yi wani mafarki, kuma har yanzu bakina ɗaci yake yi.

Bari in fara faɗin ko ni wane ne, don na san an manta. Sunana Sallau, a kaset kuma Sallau Guguwa. Ni ne nake tashi sama a finafinan faɗa na wancan zamani, in juya a iska, in kai wa mutum ƙafar dama a kunne. Yara har karya hannu suka riƙa yi a unguwa wajen kwaikwayona. Gwiwar wannan ƙafa ta tafi ranar da na diro daga saman bene zuwa kan katifa, ashe wani bawan Allah ya ja katifar zuwa inuwa ya zauna yana cin gyaɗa. Tun daga ranar ƙafar ba ta lanƙwasuwa, fim kuma ya yi gaba ya bar ni.

Sallah a kan kujera nake yi, malamai sun ce babu laifi. Abin da ke ci mini rai shi ne Inna. Ta tsufa, tana kwance, kuma kullum safiya a tsaye nake gaishe ta, ƙerere a kanta kamar ɗan sandan da ya zo kamu. Ni ne ɗanta na fari, don kunya ko sunana ba ta taɓa kira ba, sai dai ta ce yaron nan. Ba ta taɓa yi mini ƙorafi ba. Ni dai burina a duniya bai wuce in durƙusa a gabanta sau ɗaya, in gaishe ta yadda ake gaida uwa, kafin ta tafi.

To, a mafarkin sai na tsinci kaina a wata tashar mota da rana tsaka. Ana ruwa, amma daga ƙasa yake ɓuɓɓugowa yana tafiya sama, kowa ya kifa lemarsa ya tsaya a ciki. Babu wanda abin ya dama. Wata mata ma tana shanya wanki a ƙarƙashin benci, don nan ne ruwan ya fi ƙarfi.

Can na hango Inna a cikin wata farar bas, kusa da taga, da ƙullin kayanta a cinya. Bas ɗin cike take maƙil. Na tambayi kamasho yaushe za ta tashi.

"Sai ta zama wayam," in ji shi. "A nan mota ba ta tashi da mutane da yawa. Za su riƙa sauka ɗaya bayan ɗaya. In saura mutum ɗaya, shi ne mai tafiyar."

"Wa zai rage?"

Ya nuna Inna da haɓa, ya ci gaba da kiran fasinjoji su sauko.

Na matsa jikin tagar. Inna ta dube ni ta ce, "Yaron nan, sallama ka zo yi?"

Na ce eh. Na tattara riga zan durƙusa, sai na ga babu abin durƙusawar. Ƙafar wandona ta dama tana lilo a iska, babu komai a ciki.

"Ai ta fita tun da sassafe," in ji Inna. "Ta leƙo ta ce mini ta samu aiki. Je ka ɗauko ta, ina nan. Amma ka hanzarta, ka ga mutane na sauka."

Wani mai buhun albasa ya sauko tana cikin maganar. Na juya na kama hanya ina tsalle da ƙafa ɗaya kamar mai wasan langa.

Sai ga ni a wani ofis mai fanka. Fankar a tsaye take, ɗakin ne ke juyawa a hankali. A bayan tebur wani bunsuru ne zaune da hula hana-sallah, an rubuta Darakta a goshinta. Ya fasa kaset ɗin bidiyo yana zaro zaren yana taunawa.

"Wannan naka ne," ya ce da cikakken baki. "Ba gishiri, amma yana riƙe ciki. Zauna."

Babu kujera. Na jingina da bango na ce ƙafata na zo nema.

"Wacce? Ƙafafu da yawa suna zuwa nan."

"Ta dama. Mai tabo a gwiwa."

"Oho, jarumarmu." Ya haɗiye. "Ita kaɗai ta zo gwaji, Malam Sallau. Muka ɗauke ta ba tare da kai ba, muka kalla, muka ga babu abin da ya ragu."

"Fuska fa? Maganar da nake yi kafin faɗa fa?"

"Wa ya taɓa sauraren maganarka? Wucewa ake yi da ita a kai wajen dukan."

Wallahi na ji zafin wannan magana fiye da faɗuwar bene, saboda na san gaskiya ya faɗa. Na ce masa ba fim na zo nema ba. Mahaifiyata ce a mota, aron ƙafar kawai nake so in gaishe ta in dawo da ita.

Bunsurun ya kalli rufin ɗaki. Sannan ya ce, "Akwai kuka a ciki?"

"Ban sani ba."

"In akwai kuka muna so. Je ka same ta a wajen ɗauka. In ta yarda, zan biyo ku da kyamara."

Sai ga ni a wajen ɗaukar fim, tsakiyar wata kasuwa da ake sayar da inuwa a kwano. Mutum na farko da na gani shi ne Lawandi. Lawandi abokin aikina ne tun muna samari, shi ne yaron bos a kowane fim, wanda nake duka ya faɗi. A aikinmu ƙafa ba ta taɓa mutum. Tana zuwa kusa da kunne, saura faɗin tafin hannu, sai ta tsaya cak, shi kuma ya watsa kansa ƙasa. Ƙarar dukan daga baya ake sa ta, wani ne ke maka wa kabewa sanda. Babu wanda ya iya faɗuwa a garin nan kamar Lawandi, kuma babu wanda ya san sunansa.

Na same shi kwance a ƙasa yana kallon ruwan da ke tafiya sama.

"Lawandi, wa ya doke ka?"

"Ba a doke ni ba tukuna. A nan faɗuwa ake fara yi, dukan ya zo daga baya. Wannan ta jibi ce nake ragewa."

"Tashi mana mu gaisa."

"Haba Sallau, in tashi in je ina? Kai ƙafa ɗaya ka rasa kake ta tsalle-tsalle. Ni bayana gaba ɗaya ƙasa ta saba da shi." Ya yi dariya, sannan ya yi tari. "Mutuniyar taka tana can ƙarƙashin rumfa. Ka yi mata magana a hankali, ta zama babba."

Ina wucewa sai ga ƙarar wani duka ta zo ita kaɗai, tana tafe a gajiye, tana tambayar mutane ina wanda ya faɗi. Aka nuna mata Lawandi. Ta tsaya a kansa ta yi sautinta ta wuce.

Ƙafata tana zaune a kujerar roba, an ɗaura mata baƙin bel a cinya, wani yana yi mata fifita. Ta yi kyau, ta yi ƙiba, tabon ma ya baje. Na yi sallama. Sai da ta ɗauki lokaci kafin ta gane ni.

"Sallau? Ka rame."

"Rashin ki ne."

"Ni kuwa ka ga ni, lafiya lau. Ashe nauyinka ne ke damuna."

Na haɗiye wannan ma. Na tsaya a gabanta da ƙafar hagu, wadda ba ta taɓa fitowa a fosta ba, na yi mata bayanin Inna da farar bas. Na ce ba tsalle nake so ba, ba juyi ba. Lanƙwasawa kawai za ta yi, gwiwa ta taɓa ƙasa, shi ke nan.

"Ƙasa?" ta ce. "Duk abin da na iya sama ne. Asuba ta fari kake tashina ka rataye ni a katanga, ka ja ni har in yi kuka. Ban tuna wani darasi na ƙasa ba."

"Kin iya. Muna yara ke ce kike fara durƙusawa a ƙofar ɗakinta, ta ba mu ɗumame."

Babban yatsanta ya motsa. "Ɗumame da man shanu," ta ce a hankali. "Na tuna. To mu je. Amma ka sani ana jira na."

Ta sauko daga kujera ta shige ƙafar wandon. Na ji ta kama ni a ƙugu da ɗumi. Na taka, na lanƙwasa, na miƙe, babu ciwo ko kaɗan. Rabon da in ji haka har na manta. Na zura da gudu ina kuka, bunsuru na biye da ni da kyamara a tsakanin ƙahonni.

Sai ga mu a tasha. Ruwan ya ɗauke, ƙasa ta bushe, sama ta jiƙe sharkaf. A cikin bas saura Inna da wani tsoho mai riƙe da zakara, shi ma ya miƙe yana laluben takalminsa. An buɗe ƙofa, Inna ta dawo bakin ƙofar ta zauna, ta ajiye ƙullinta a gefe.

"Ka samo ta," ta ce.

"Na samo ta, Inna."

Na cire hula. Na cire takalmi. Na tattara riga, na fara yin ƙasa, gwiwar kuma tana bi na ba gardama. Na ga yatsun ƙafar Inna da lallen da ya kusa gogewa, na ji ƙanshin daddawa a zanenta. Saura kaɗan gwiwata ta taɓa ƙasa.

A bayana bunsuru ya gama saita kyamara, ya gyara murya ya faɗi kalmar fara ɗauka, "Akshan."

Ba ni na yi ba. Kalmar kawai ƙafar ta ji. Ta fizge ni ta miƙar, ta juya ni a iska yadda ta saba, ta tafi kai tsaye wajen kan Inna. Saura faɗin tafin hannu tsakaninta da kunnen mahaifiyata ta tsaya cak. Ban taɓa yin bugu mai kyau irin wannan ba. Can nesa, a kasuwa, na ji Lawandi ya sake faɗuwa.

Mutanen tasha suka yi tafi. Na kama cinyar da hannu biyu ina dannawa ƙasa, ta ƙi. Na roƙe ta, na zage ta, na roƙe ta kuma. Ta ce da ni cikin raɗa, "Ba a ce kat ba, ana kan ɗauka." Na waiga wajen bunsuru, ya ajiye kyamara tana ci gaba da ɗauka, ya tafi yana cin lemar wani.

Inna ko gezau ba ta yi ba. Ta juyo da fuskarta ta dubi tafin ƙafar da ke gefen kunnenta, ta daɗe tana dubawa. Sannan ta ɗaga hannu ta shafa dunduniyar.

"Yaron nan, faso ya yi maka yawa," ta ce. "Ka riƙa shafa man kaɗe kafin ka kwanta."

Na buɗe baki in ce ina wuni, muryar ta ƙi fita. Tsohon nan ya samu takalminsa, ya ce a gafarce shi, ya sunkuya ta ƙarƙashin ƙafata ya fita da zakaransa. Kamasho ya zo ya leƙa cikin motar, ya ga babu kowa sai ita.

"Ta yi," ya ce, ya ja ƙofa.

Motar ta tashi babu ƙara, babu direba. Inna ta koma wajen taga, tana kallon gaba, ta ɗora ƙullinta a cinya. Ni kuma ina nan tsaye a tsakiyar tasha, ƙafa ɗaya a ƙasa ɗaya a sama, hula a hannu, mutane na zagaye ni suna tambaya ko za a fito da kashi na biyu. Na bi motar da ido har ta shige bayan gidan mai. Ban taɓa jin na tsani wani abu kamar yadda na tsani ƙafar nan a lokacin ba, kuma ita kaɗai ce abin da na taɓa mallaka.

Ƙarar kofin silba ce ta tashe ni. Daga ɗakin Inna ya faɗo, ya yi ta gangarawa a kan siminti har ya bugi ƙofa. Gari ya riga ya waye. Na kasa kunne, na ji tarinta, na ji tana kiran matata ta zo ta miƙo mata kofin.

Na zauna a bakin gado na kama gwiwar da hannu biyu, na danna da duk ƙarfina. Ba ta motsa ba. Na jawo sandata, na tafi gaishe ta a tsaye.